Salsar Meziko a Madafina, Daga Sanyin Janairu Zuwa Azumi

Asabar, 11 ga Janairu

Tun da ƙanwata ta koma Amurka bayan bikin da muka yi a ƙarshen Disamba, abin nan da ta haɗa mana ranar walima ya ƙi fita daga raina. Mun gasa nama a tsakar gida, ita kuwa ta jawo kujera 'yar tsugunno ta zauna da wuƙa da faranti. Ko minti goma ba ta yi ba ta miƙo mana kwano: tumatir, albasa, ɗanyen barkono, wani koren ganye, lemun tsami da gishiri. Ba wuta, ba mai, ba magi. Aka cinye naman, yara suka siɗe kwanon. Ta ce sunansa salsa, kuma maƙwabciyarta ce a Houston ta koya mata, wata dattijuwa 'yar asalin jihar Puebla ta ƙasar Meziko.

Yanzu ne lokacin gwaji, don tumatir ya faɗo warwas. Na Kadawa da na Kura ya cika kasuwa, ko an yi ɓarna ba za a ji ciwo ba. Na ɗaukar wa kaina cewa kafin azumi ya kama sai na iya abin nan, kuma zan riƙa rubuta duk abin da na yi don kada in maimaita kuskure ɗaya sau biyu.

Yau na yi gwajin farko da raini. Na ce ai kayan miya ne, shekara nawa ina sarrafa su? Na watsa komai a bilenda. Ya fito da kumfa, launinsa ya koma ruwan hoda, yana ƙarnin ɗanyen markaɗe. Kafin in ankara hannuna ya kai ga tukunya, na zuba mai, na soya, na jefa magi biyu. Na ɗauki hoto na tura wa ƙanwata. Amsar ta zo a saƙon murya, dariya ta cinye rabinsa: "Yaya, wannan ai miyar shinkafa kika yi." Gaskiyarta. Da shinkafar muka ci shi da daddare.

Lahadi, 12 ga Janairu

Ta yi mini bayani da kyau. Kalmar salsa a Sifaniyanci ba ta nufin komai sai miya ko romo, kuma a Meziko kala-kala ce, kusan kowane gida da tasa. Wadda ta yi mana ana kiranta pico de gallo, ana furta shi "piko de gayo", ma'anarsa bakin zakara. Wasu suna ce mata salsa bandera, wato salsar tuta, saboda ja da fari da kore su ne launukan tutar ƙasar: tumatir, farar albasa, da koren barkono da ganye. Wuƙa ce kawai ke taɓa ta.

Na yanka da hannu yau. Matsala biyu. Ta farko, na yi amfani da tumatir mai ruwa, irin mai laushin nan da ke narkewa a miya, kafin a zauna cin abinci kayan suna iyo a cikin ruwansu. Ta biyu, na saka attarugu uku kamar yadda na saba a jajjage. Attarugu uku a miyar da ta daɗe kan wuta daban, attarugu uku ɗanye daban. Maigida ya kai cokali ɗaya, ya ajiye, ya miƙe ya nufi randa ba tare da ya ce uffan ba.

Laraba, 15 ga Janairu

Ganyen da na rasa a gwaji biyun farko shi ne koriyanda, wanda Mezikawa ke kira cilantro. 'Ya'yansa ne masu kayan ƙamshi ke sayarwa da sunan kusbara, amma ɗanyen ganyen sai an nema. Na tafi 'Yankaba da hantsi. Na tambayi mai kayan lambu na farko, ya ce, "Akwai, Hajiya," ya zaro ɗauri daga ƙarƙashin jiƙaƙƙen buhu. Na biya, na kama hanya. Sai da na kusa fita na murza ganye ɗaya a yatsa na sunsuna, ban ji komai ba sai ƙamshin ciyawa. Fasili ya ba ni. Na koma. Bai musa ba, ya ce ai duk ɗaya ne, Turawa ne ke raba su. Na ce a'a Malam, ba ɗaya ba ne. Maƙwabcinsa da ke saurarenmu shi ya fito da na gaskiyar.

A ido sun yi kama, amma ganyen koriyanda ya fi laushi, bakinsa ya fi zagaye, na fasili kuwa tsini-tsini ne kuma ya fi duhun kore. Hanci dai shi ne alƙali. Koriyanda na da wani ƙamshi mai ƙarfi da ke hawa kai, wanda ba ka mantawa.

Rikici na biyu a gida ya tashi. Ni da yara mun ji daɗinsa, maigida ya ce an saka masa sabulu a abinci. Na ɗauka tsokana ce, ashe akwai mutane da yawa a duniya da haka suke jin ganyen, kuma masana sun danganta abin da wata ƙwayar halitta ta jin ƙamshi da ake kira OR6A2. Halitta ce, ba iyayi ba. Daga yau zan riƙa ɗibar masa nasa kafin in zuba ganyen. Na gwada masa lansir a madadinsa, ya ce ya fi. Ba salsar Meziko ba ce kuma, amma shi zai ci.

Asabar, 18 ga Janairu

Yau ranar lissafin barkono ce, kuma ranar da na sha wuya.

Barkonon da ake yin pico de gallo da shi iri biyu ne, duka kore ake tsinko su. Akwai jalapeño, ana furta shi "halapenyo", ya samo sunansa daga Xalapa, babban birnin jihar Veracruz. Akwai serrano, ɗan siriri, wanda ya fito daga tsaunukan Puebla da Hidalgo, kuma ya fi na farkon zafi. Akwai ma'aunin zafin barkono da wani masanin haɗa magunguna ɗan Amurka, Wilbur Scoville, ya ƙirƙiro a 1912. A kan wannan ma'auni jalapeño na tsakanin 2,500 da 8,000, serrano tsakanin 10,000 da 23,000. Habanero kuwa, wanda jinsinsu ɗaya da attarugunmu, yana farawa ne daga 100,000 ya kai har 350,000. Wato ko mafi sanyin habanero ya ninka mafi zafin jalapeño fiye da sau goma sha biyu. Da na ga wannan na tausaya wa maigida a kan abin da na yi masa ranar Lahadi.

Abin da jalapeño ke kawowa ba zafi kaɗai ba ne, akwai ɗanɗanon ɗanyen kore da ƙaras-ƙaras a haƙori. Don haka na raba aikin gida biyu: koren tattasai ya ba ni kore da ƙaras, attarugu ya ba ni zafi. Na tsaga attarugu ɗaya, na kankare farar jijiyar nan ta ciki da 'ya'yan ke manne da ita, domin a nan mafi yawan zafin yake, ba a 'ya'yan ba kamar yadda muka ɗauka. Na ɗauki kwata kacal na yanka shi kamar gari.

Da yatsuna na kankare jijiyar. Na wanke hannu da ruwa, na manta. Aka kira Magariba, na ɗauki buta. Ruwan farko da na watsa a fuska, wayyo Allah. Idanuna suka rufe, hanci ya kama da wuta, ina tsugune a bakin rariya ina kiran babbar 'yata ta kawo mini tawul. Ruwa ba ya wanke sinadarin da ke cikin barkono, maiƙo ne ke ɗauke shi. Da na sani da na shafa man gyaɗa a hannu na murza, sannan na bi da sabulu. Sallar dai sai da na jinkirta ta kusan minti ashirin, ido jawur. Daga yau cokali zan riƙa sa wa, ko in ɗaura leda a hannu.

Juma'a, 24 ga Janairu

Alhamdu lillahi, yau ta yi. Bari in rubuta awon tun ban manta ba.

Tumatir biyar masu tauri, dogayen nan da 'yan kasuwa ke kira UTC, jajaye amma ba su yi laushi ba. Tunda ɗanye za a ci, na jiƙa duk kayan a ruwan gishiri da ɗan khal, na ɗauraye da ruwan sha. Na tsaga kowane tumatir, na kwashe 'ya'yan da ruwan cikin da cokali na ajiye don miyar gobe, na yanka tsokar ƙanana kamar ƙwayar masara. Na barbaɗa rabin cokalin shayi na gishiri, na juye a matsami na bar shi minti goma sha biyar. Ruwan da ya tsiyaye ya kai rabin kofi. Wannan ruwan ne ya ɓata mini gwaji na biyu.

Albasa rabin matsakaiciya. Su farar albasa suke sa wa, tamu kuwa ja ce kuma ta fi yaji, don haka bayan na yanka na zuba mata ruwan sanyi na ɗauraye na tsane, hawan kan ya ragu. Rabin koren tattasai, kwatan attarugu, ganyen koriyanda cikin tafin hannu har da ƙananan karansa, don ƙamshin na nan ma. Lemun tsami biyu, irin ƙananan namu. Na juya, na ɗanɗana, na ƙara ɗan gishiri, na rufe na ba shi minti ashirin.

Hutun nan na minti ashirin ba ƙawa ba ne. Na ɗanɗana kafin da bayan. Da farko kowane abu yana tsaye shi kaɗai a baki, daga baya tsamin ya ratsa albasar, gishirin ya fito da zaƙin tumatir. Abin da ya fi ba ni wuya shi ne hana hannuna ɗauko magi. Sau biyu ina buɗe gwangwanin ina rufewa.

Da tsire muka ci. Na tura hoto, ƙanwata ta nuna wa maƙwabciyarta. Saƙon da ya dawo shi ne yankan ya yi kyau, amma in rage girman albasar.

Lahadi, 2 ga Fabrairu

Mako guda ina maimaita ta wuƙa har hannuna ya saba. Yau na shiga mataki na biyu, wanda ƙanwata ta ce shi ne ainihin abin da maƙwabciyarta ke ajiyewa a teburi kullum: salsar da ake babbaka kayanta sannan a daka.

Kayan aikinsu biyu ne. Comal, wani faffaɗan kasko ne marar zurfi, na yumɓu ko na ƙarfe, a kansa suke gasa burodin masararsu, a kansa kuma suke babbaka tumatir da barkono ba tare da mai ba. Sai molcajete, ana cewa "molkahete", turmi ne na baƙin dutsen da aman wuta ya bari, mai ƙafa uku, da ɗan dutsen dakansa da ake kira tejolote. Sunan daga harshen Nahuatl na mutanen Aztek ya fito, inda molli ke nufin miya, caxitl kuma kwano. Dutsen na da kaushi da ƙananan ramuka, shi ya sa sabo sai an yi ta niƙa ɗanyar shinkafa a ciki har garin ya daina fitowa da toka-toka kafin a sa abinci.

Ba ni da ko ɗaya. Na hura gawayi a kurfoti, na ɗora tsohon kaskon ƙarfen da muke tuyar ƙwai. Na jera tumatir huɗu, rabin albasa, tafarnuwa uku da ɓawonsu, da shambo biyu. Tafarnuwa da shambon suka riga, wajen minti biyar na kwashe su. Tumatir ya ɗauki kusan kwatan awa ina juya shi, fatar ta yi baƙi-baƙi ta tsattsage, ruwa na tsartuwa a kan kaskon yana cuwww.

Ƙaurin ne ya fito da Inna, mahaifiyar maigida, daga sashenta. "'Yar nan, me kike ƙonawa haka?" Na ce, "Inna, ba ƙonewa ya yi ba, haka ake so." Ta tsaya ta dube ni, ta dubi kaskon. Da ta ga na jawo turmin itace sai ta girgiza kai, ta ce turmin ya sha daddawa da citta shekara da shekaru, komai na daka a ciki ɗanɗanonsu zai ɗauka. Ta aiki yaro ya mirgino dutsen niƙanta daga bayan ɗaki, wanda rabon da a taɓa shi tun zuwan injin markaɗe unguwar. Muka wanke shi tas.

Jerin dakan yana da muhimmanci. Tafarnuwa da gishiri ne farko, har su zama kamar man shafawa. Sai barkono. Sai albasa. Tumatir ne ƙarshe, ɗaya bayan ɗaya, ana murƙushe shi ba a niƙe shi lukui ba, kuma ban ɓare duk baƙar fatar ba don ita ce ke ba da ƙamshin hayaƙi. Inna ce ta karɓi ɗan dutsen daga hannuna, ta ce ina yi kamar mai tsoron dutsen. Cikin minti uku ta gama.

Bambancinsa da markaɗen bilenda a bayyane yake. Bilenda na kaɗa iska a ciki, shi ya sa yake kumfa ya koɗe. Na dutse ja ne mai duhu, da gudaji-gudaji, yana kama cokali.

Wannan aikin ya daɗe a can. Wani malamin coci ɗan Sifaniya, Bernardino de Sahagún, ya isa Meziko a 1529, shekara takwas bayan Sifaniyawa sun ci Tenochtitlan, babban birnin mutanen Aztek, a 1521. Ya shafe shekaru yana tattara bayanan rayuwar mutanen wurin da harshensu, kuma a cikin abin da ya rubuta akwai masu sayar da miya a kasuwa, miyar barkono iri-iri da tumatir da 'ya'yan kabewa. Tafarnuwa da koriyanda da lemun tsami daga baya suka shigo, a jiragen Sifaniyawa. Tumatir da barkono kuma suka bi jiragen ruwa suka fito duniya, har suka iso gare mu. Ko kalmar tumatir ɗin, in aka bi diddiginta, ga tomatl na Nahuatl take komawa. Na faɗa wa Inna cewa akwai zamanin da babu barkono ko tumatir a ƙasar Hausa, sai masoro da citta da kimba. Ta ce in bar wannan maganar, ta miƙa hannu ta ƙara gutsurar gurasa ta dangwala.

Talata, 4 ga Fabrairu

An ɗauke wuta tun daren Lahadi. Ragowar da na ajiye a firij ta yi tsami irin wanda ba na lemo ba, ta fara ƙananan kumfa a sama. Na zubar. Ɗanyar salsa ko da sanyi kwana biyu zuwa uku ne iyakarta, ba sanyi kuwa ta yini ce. Zan riƙa yin daidai cin rana ɗaya.

Asabar, 8 ga Fabrairu

Na so in gwada koriyar, salsa verde, na sha ƙasa.

Ita da tomatillo ake yin ta, wani ɗan itace kore mai tsami, da ke zaune cikin wata 'yar riga kamar takarda. Ba ɗanyen tumatir ba ne, dangi ne na nesa. A tsakiyar Meziko ma shi ake kira tomate, jan namu kuma jitomate. Da na ga hotonsa sai na tuna matsarmama, ciyawar nan da ke fitowa da damina a bayan gida, mai 'ya'ya cikin ɗan buhu, wadda muke fasawa a goshi muna yara. Ashe 'yan gida ɗaya ne, sai dai tomatillo ya fi ta girma nesa ba kusa ba.

Na gwada da koren tumatir da bai nuna ba, na dafa shi minti biyar, na ƙara lemun tsami. Ya fito da wani ɗaci-ɗaci da kaushi a harshe, kuma ruwa ya rabu da tsaki, alhali tomatillo na da wani danƙo na kansa da ke haɗe miyar. Sai wata dabara ta zo mini, na ce bari in sa gauta. Kada kowa ya gwada. Ko awakin Inna sun sunsuna sun wuce.

Na ajiye koriyar salsa gefe. Wanda zai shuka tomatillo ma sai ya shuka aƙalla tushe biyu, don guda ɗaya ba ya yin 'ya'ya da kyau shi kaɗai. Wannan aikin damina ne in Allah ya kai mu.

Alhamis, 13 ga Fabrairu

Yara sun matsa sai na yi musu abin dangwalar da suke gani a talabijin, soyayyen burodin masara mai kusurwa uku da ake kira totopos. Na kwaɓa garin masararmu na tuwo, ya ƙi haɗuwa, ina murzawa yana rugujewa.

Dalilin shi ne su ba haka kawai suke niƙa masara ba. Suna dafa ƙwayar a ruwan farar ƙasa ta musamman da ake sa wa abinci, ko ruwan toka, su bar ta ta kwana a ciki, su wanke, sannan su niƙa ta da danshinta. Wannan jiƙon ne ke sa ƙullin ya yi danƙo har a iya fyaɗa shi, kuma yana sa jiki ya iya amfana da sinadarin niyasin da ke cikin masarar. Ruwan toka ba baƙonmu ba ne, amma wannan wani aikin ne mai zaman kansa, ba zan haɗa gudu da susar gindi ba. Na yanka gurasa ƙanana na gasa ta ta yi ƙaras, yara suka ci suka yi shiru.

Asabar, 22 ga Fabrairu

Yau na gano cewa wata shida... a'a, mako shida na yi ina kokawa da abin da bai kamata in yi kokawa da shi ba.

Tun farko ina ta ƙoƙarin sa attarugu ya yi halin jalapeño, ina wanke jar albasa don ta yi halin fara. Jiya ƙanwata ta kai wa maƙwabciyarta hoton kayan miyar da na sayo, matar ta ga attarugun ta ce ai wannan habanero ne, kuma mutanen Yukatan, can kudu maso gabashin ƙasar inda Mayawa suke, da shi da jar albasa suke yin tasu salsar. Sunanta xnipec, ana furta shi kamar "shnipek", kuma a harshen Maya yana nufin hancin kare. Wai don wanda ya ci, hancinsa zai jiƙe kamar na kare. Babban ɗana ya yi ta dariya har da riƙe ciki.

Wato kasuwarmu ta fi kusa da Yukatan fiye da Puebla. Abu ɗaya ne babu, wani lemo mai tsami da ɗan ɗaci da suke kira naranja agria. Madadinsa sananne ne, a haɗa ruwan lemun zaƙi da na lemun tsami.

Na yanka jar albasa ɗaya babba siri-siri. Na matse lemun zaƙi ɗaya da lemun tsami uku a kai, da rabin cokalin shayi na gishiri. Attarugu ɗaya cur, na cire jijiyar da cokali, na yanka ƙanana. Na rufe na bar su rabin awa. Da na buɗe sai da na kira 'yata ta zo ta gani: albasar ta rikiɗe daga shuni zuwa ruwan hoda mai haske kamar an rina ta, ta yi laushi amma ba ta mutu ba. Tsamin lemo ne ke juya launin. Sannan na zuba tumatir biyu da na tsane da ɗan koriyanda.

A nan ne na fara jin ƙamshin attarugu da kansa. Shekara ashirin ina soya shi, ban taɓa lura cewa ɗanyensa na da ƙamshi kamar na 'ya'yan itace ba, wani abu tsakanin mangwaro da fure, wanda ke zuwa kafin zafin ya iso. Mai da wuta suna kashe wannan. Lemun zaƙin kuma kamar don shi aka halicce shi.

Da gasasshen kifi karfasa muka ci. Maigida, da kasonsa marar koriyanda, ya ci yana share hanci da hankici, yana cewa sunan nan bai yi ƙarya ba. Ya nemi ƙari. A ganina wannan ta fi pico de gallo dacewa da gidan nan, kuma ba sai na roƙi kowane kayan miya ya zama wani abu ba.

Laraba, 26 ga Fabrairu

Saboda matsalar wuta na nemi wadda ba ta lalacewa da wuri, aka nuna mini salsa macha ta jihar Veracruz. Ba ɗanya ba ce, amma ta shiga kundin. Busasshen barkono ne da tafarnuwa da gyaɗa da riɗi a cikin mai. Duk muna da su.

Na ɗora kofi ɗaya na man gyaɗa a wuta kaɗan, na soya tafarnuwa huɗu har suka yi ruwan zuma na tsame, na soya rabin kofin gyaɗa da babban cokali biyu na riɗi. Busasshen barkono shi ne mai wuyar sha'ani. Zubin farko na juya baya in ɗauko matsami, kafin in waiwayo ya yi baƙi, hayaƙin ya kori kowa daga tsakar gida da tari, man ya yi ɗaci. Na sake sabo. A karo na biyu na sauke tukunyar daga wuta tukuna, sannan na zuba barkonon, zafin man kaɗai ya ishe shi cikin ƙasa da minti ɗaya. Da ya huce na daka sama-sama da gishiri da cokalin khal, na juye a kwalba, man ya rufe shi.

Kamar yajin ƙuli ne da ya faɗa cikin mai. A kan ɗanwake na fara gwada shi.

Lahadi, 2 ga Maris

Azumi na biyu. Jiya ban yi ba saboda hidimar ranar farko. Yau bayan La'asar na zauna yin xnipec, na kai cokali baki don in ji gishiri, sai na tuna. Na ajiye cokalin, na ɗauko littafin nan na buɗe shafin 22 ga Fabrairu: albasa ɗaya, lemun zaƙi ɗaya, lemun tsami uku, rabin cokalin gishiri, attarugu ɗaya. Na bi shi kamar yadda yake. Lemun tsamin yau ƙanana ne sosai, don haka na sa huɗu.

Da aka sha ruwa, bayan dabino da kunun gyaɗa, na ajiye shi kusa da ƙosai da soyayyen dankali. Gishirin ya yi daidai. Tsamin ya ɗan fi na wancan karon, uku da rabi zai wadatar.

Kwalbar salsa macha ta kusa rabi, kuma ba ni na ci ba. Ana shirin tafiya Tarawihi sai ga autana ya shigo da kwanon shan Inna mai murfi, ya ce, "Umma, Inna ta ce a zuba mata hancin karen nan, za ta ci da sahur." Na ce ya gaya mata ba ya kwana, zan yanka mata sabo da asuba. Lemun tsami biyu suka rage a kwando, gobe sai an je kasuwa.